Furfurar da Aka Ɓoye wa Inna

Shagon Mai Hoto bai fi taku huɗu a faɗi ba, yana maƙale tsakanin mai aski da mai gyaran waya. Da ka shiga za ka ga farin labule a bango, da kujera mai juyawa wadda aka kafe ƙafafunta da ƙusa a ƙasa, da fitilu biyu masu lema, sai madubi da mataji a ɗaure da zare don kada wani ya yi gaba da shi. Hoton fasfo ne sana'arsa, shekara ashirin da shida ke nan tun da ya baro ƙasarsu ya sauka a garin nan. Duk baƙon da ya zo neman takardar zama ko katin aiki, sai ya hau kujerar nan ya ji abin da kowa ya ji:

"Ɗaga haɓa. Rufe baki. Ban da murmushi, ba sa son murmushi. Fito min da kunne."

Hoton fasfo ba ya taɓa shi, yadda ka zo haka za ka fita. Amma in ka ce masa wannan gida za a aika, to a nan ne za ka ga aiki. Zai goge maka gajiyar da ke ƙarƙashin ido, ya ciko maka kumatu, ya miƙar da kwalar riga. Mutumin da ya wuni yana wanke kwanuka a gidan abinci sai ya fita da hoto kamar shi ne mai gidan abincin. Mai Hoto bai taɓa ɗaukar wannan a matsayin ƙarya ba. Cewa yake yi, "Uwa tana can nesa, me za a ɗaga mata hankali a kai?"

To, abin da yake yi wa mutane, shi yake yi wa kansa. Duk wata uku sai ya aika wa mahaifiyarsa, Inna, hotonsa a cikin ambulan, ita kuma ta sa ƙanwarsa ta maƙala mata a bango. Tun da ya taho bai koma ba. Da farko takardu ne suka riƙe shi, daga baya aure da 'ya'ya da shago, kullum sai baɗi, baɗin kuma ba ta zuwa. Yana da shekara talatin da uku ya ga furfura ta farko a hoton da zai aika. Sili ɗaya ne fa, sili ɗaya tal. Ya sa hannu ya goge shi. Daga sili ɗaya aka koma goma, daga goma aka koma rabin kai, sai ga sanƙo ya taso ta tsakiya, ga tumbi, ga tabarau. Shi kuwa gogan naka yana ta bi yana sharewa. A bangon Inna, ɗanta yana nan da baƙin gashi sumul, ko shekara talatin da biyar bai cika ba. A shago kuwa mutum ne mai hamsin da ɗaya, wanda in ya sunkuya ɗaukar abu sai ya dafa gwiwa.

Abin ya daɗe bai tonu ba saboda Inna ba ta yarda da waya mai hoto ba. Tata mai maɓalli ce, kuma ta ce ita ba ta hira da madubi. Duk ƙarshen mako sai su yi magana, murya kawai. Ƙanwarsa ta sha cewa a kunna hoto a gaisa, shi kuma kullum layinsa ba kyau.

Sai Auta ta shigo cikin maganar. Ita ce ƙaramar 'yarsa, a garin nan aka haife ta, shekararta ashirin, tana koyon haɗa fim. An ba su aiki a makaranta: kowa ya yi ɗan gajeren fim a kan kansa, ya nuna shi wane ne, daga ina kuma ya fito. Mako biyu tana ɗaukar kanta. Ta ɗauka a tashar mota, ta ɗauka a kan bene, ta ɗauka da zanen uwarta, ta ɗauka da wandon makaranta, duk ta goge. Ta ce a wani tana kama da baƙuwa a nan, a wani kuma tana kama da baƙuwa a can.

Wata rana da hantsi tana zaune a shagon, ta kira Gwaggonta, wato ƙanwar baban, ta yi ta lallashi har aka shawo kan Inna ta kalli allon waya. Zo ka ga murna. Inna ta ce, "Ke ce haka? Ƙawata, kin yi tsawo kamar sandar rake. Wa ya ba ki wannan goshin? Nawa ne, ki dawo min da abuna." Auta tana ta dariya, Hausarta tana ta karkacewa, Inna tana gyara mata. Daɗi ya kwashe yarinya, ba ta yi shawara da kowa ba ta juya wayar.

"Kaka, ga Baba."

Mai Hoto yana sunkuye a kan injin yanka hoto, tabarau a kan karan hanci, fitila ta haske tsakiyar kansa tana ƙyalli. Ya ɗago.

Inna ta gyara mayafinta, ta ce cikin ladabi, "Sannu da aiki, Malam." Sannan ta rage murya. "Ke, wane ne wannan dattijon? Mai shagon ne? Ki gaishe shi da kyau, sai ki kira min ubanki."

Mai aski, wanda ya leƙo aron almakashi, ya toshe baki ya fice da baya.

Mai Hoto ya ce, "Inna, ni ne."

Muryar ta sani, ko a cikin kasuwa ta ji ta za ta waiwaya. Ta dubi allon, ta ɗaga kai ta dubi bango inda hoton watan jiya yake, ta sake duban allon. Sai hoton ya ɗauke.

Kashegari Gwaggo ta kira. "Yaya, ka ja mana. Inna ta ƙi cin abinci. Ta ce ba mutumin da zai tsufa haka cikin wata ɗaya sai in wata muguwar cuta ce ta kama shi. Ta ce mutuwa za ka yi, mun haɗa baki muna ɓoye mata."

Ya ce a ba ta wayar. Ya rantse, ya maimaita, ya ce lafiyarsa ƙalau, hotunan ne yake gyarawa, shi ya goge furfurar da hannunsa.

Inna ta ce, "Yaron nan, kada ka ƙara min ciwo a kan ciwo. Tun kana ƙarami ba ka taɓa yi min ƙarya ba. Yanzu don ka kwantar min da hankali za ka ɗora wa kanka ƙaryar shekara goma sha takwas? Ka faɗa min sunan cutar kawai."

Wannan maganar ta fi mari zafi. Ya zauna riƙe da waya, kunya ta rufe shi. Tsohuwa ce mai shekara saba'in da bakwai, ga shi an shiga kwana na biyu ba abin da ke shiga bakinta sai ruwan shayi. Da ya koma gida matarsa ta yi masa tatas. "Tun silin farko na ce maka ka bar shi. Kai ne gwanin gyara. To ga shi nan, sai ka gyara wannan mu gani." Ta faɗa tana zuba masa abinci, shi ma bai iya ci ba.

Da safe Auta ta bi shi shago, don ita ma ta sha jinin jikinta, ta san ita ta juya wayar. Ya buɗe ƙofa, ya kunna fitilu, ya hau kujerar ya fuskanci kyamara, ya danna ɗan maɓallin da ke hannunsa. Haske ya walƙa. Ya sauka ya duba, ya ɗan matsar da lema ɗaya.

Auta ta ce, "Baba, wannan fa? Na sha ganin kana yi."

"Gwajin fitila ne. Tsohon da ya koya min aikin ya ce kada in taɓa zaunar da mutum ban fara gwada hasken a kan fuskata ba. Kowace safiya kafin a buɗe."

"Kowace safiya tun yaushe?"

"Tun ranar da na fara."

"Suna ina?"

Ya nuna saman kantar shagon da haɓa. Kwalayen takalmi ne guda tara a jere, sun yi ƙura. Na shekarun farko ke nan, lokacin da ake wanke hoto a takarda, kowanne da kwanan wata a bayansa. Sauran suna cikin kwamfuta. Tsohon ya hana shi zubarwa, wai don a riƙa gane lokacin da fitila ta fara rauni, shi kuma ya saba, ya ci gaba da tarawa.

Auta ta hau kujera ta sauko da kwali ɗaya. Ta zaro na farko: wani siririn saurayi, wuya kamar na zakara, ido a zare, riga ta yi masa yawa. Ta zaro na biyu, na goma, na ɗari. Ta haɗa guda talatin ta riƙe gefe ta sake su da babban yatsa, ɗaya bayan ɗaya da sauri. Saurayin ya motsa. Da yake kujerar a kafe take, kuma a hoton fasfo dole ido ya zauna a kan layi ɗaya, idanun ba su gusa ko kaɗan ba, sai riga da gashi da kumatu ke sauyawa a kewayensu.

Ta ce, "Waɗannan ka gyara su?"

"Wa zai ɓata lokacinsa a kan hoton gwaji?"

"To Baba, ga maganin Kaka nan a saman kantar shagonka, kana ta rantse-rantse a waya."

Da ya gane nufinta sai ya yi tsalle ya dire. Ba wanda zai ga waɗannan. A wasu ko fuska bai wanke ba. Akwai shekarar da yake kwana a shagon nan a bayan labule, ya rame har ƙashin wuyansa ya fito, alhali yana gaya wa Inna ɗakinsa har da kujerun zama. Akwai watan da haƙori ya kumbura masa fuska. Ya ce to a cire na shekara ta uku da ta huɗu, sauran kuma ya ɗan bi su da hannu.

Auta ta ce, "In ka cire ko ɗaya, za ta ce a nan cutar ta shiga. In ka taɓa ko ɗaya, na fasa."

Ya dube ta. Goshin Inna ne, kafiyar ma ta Inna ce. Ya ja tsaki ya miƙo mata kwali na biyu.

Kwana biyu shagon ya zama wurin aikin gayya. Aka rataya takarda a ƙofa cewa ba aiki. Matarsa na zaro hotuna bi da bi, mai aski na gogewa da ƙyalle, Auta na ɗauka da kyamara, mai gyaran waya na jerawa a kwamfuta. Mai Hoto kuwa aka mayar da shi ɗan kallo, yana tsaye ana yi masa tsiya. Mai aski ya ɗaga wani ya ce, "Ashe ka taɓa yin gashi har haka? Da na san ka a lokacin, da na ci kuɗinka." Matarsa ta tsinci na ranar da ya fara zuwa gidansu, ya sha mai a fuska yana sheƙi, ta yi dariya har da riƙe ciki.

Can cikin kwali na bakwai Auta ta tsaya cak. A hoton, baban yana zaune kamar kullum, amma a kafaɗarsa akwai kan jaririya, tana barci da baki a buɗe. Bayan wasu ɗaruruwa sai ga ɗan hannu yana jan kunnensa. Can gaba ga rabin fuska ta leƙo daga gefe da haƙora biyu. Lokacin uwarta na aikin safe, shi ke zuwa da ita shago kafin a kai ta makaranta. Ta yi ta bin kanta tana tsawo a gefen hoton, daga gwiwarsa zuwa kafaɗarsa, har shekarar da ta fara jin kunyar kyamara ta ɓace. Mako biyu tana yawo a gari tana neman inda za ta tsaya ta ɗauki kanta, ashe an riga an ɗauke ta a inda take. Ta share ido da bayan hannu ta ce ƙurar kwali ce.

Hotuna dubu bakwai da ɗari takwas da 'yan kai suka zama fim na minti goma sha ɗaya. Ba kiɗa, ba magana. Aka tura wa Gwaggo. Da la'asar ta sa shi a talabijin, ta jingina wayarta da filas a kan tebur don su riƙa ganin Inna daga shago. Inna tana zaune a kan tabarma, ta faɗa, mayafi ya rufe rabin fuskarta.

Fim ya fara. Saurayin nan mai wuyan zakara ya bayyana.

Inna ta miƙe zaune. "Ga shi nan. Rigar da ya tafi da ita ce, ni na sa masa maɓallin wuyan."

Kwanaki suka yi ta wucewa a kan fuskar. Gashi ya taru, aka aske, ya sake taruwa. Sai kumatu suka fara zurmawa.

"Tsayar." Gwaggo ta tsayar. Inna ta matso har gaban talabijin. "Wace shekara ce wannan?"

Mai Hoto ya ce a hankali, "Ta uku, Inna."

"Shekarar da ka ce min har ƙiba ka yi."

Ta daɗe tana kallo, sannan ta ce a ci gaba. Kumatun suka dawo. Ta gane lokacin aurensa ba wanda ya gaya mata, don ta ce tun da take ba ta taɓa ganin wuyan rigarsa a goge ba sai nan. Ta sake cewa a tsayar a wani wuri inda idanunsa suka kumbura suka yi ja, kwana bakwai a jere. Ta ƙirga da yatsu, ta gane rasuwar mahaifinsa ce.

"Ashe ka yi kuka. A waya kai ne kake ta ba ni haƙuri kamar dutse."

"Na yi, Inna."

"To, madalla. Na daɗe ina riƙe da wannan a raina."

Jaririya ta bayyana a kafaɗa, Inna ta tafa hannu. "Ga ƙawata. Dubi bakin, kamar za ta haɗiye ƙuda." Auta ta ce ba ta yarda ba, a goge wannan wurin, uban ya ce ai ita ta kafa dokar ba a cire ko ɗaya.

Sai ga wani ɗan fari ya ɓullo a gefen kunnen hagu. Inna ta nuna shi da yatsa. "Ga ta nan, munafuka. Nan ta fara." Farin ya yi ta yaɗuwa a hankali, yau sili biyu, gobe uku, ba gaggawa. Goshi ya fara cin gaba yana korar gashi. Nan fa Inna ta fashe da dariya, irin wadda Gwaggo ta ce rabon da ta ji ta an yi shekaru. "Sanƙon ubansa ne sak. Shi ma ta nan nasa ya faro, ya yi ta ɓoyewa da hula yana cewa sanyi yake ji." Tabarau ya hau hanci, haɓa ta zama biyu, Inna na dariya tana share hawaye da gefen mayafi. Fim ya zo ya tsaya a kan hoton safiyar ranar: dattijon nan da ta gaisar, da idanun saurayin farko, a daidai inda suke tun farawa.

Sai Auta ta ce, "Kaka, akwai wani na biyu da na haɗa. Wannan baya yake tafiya, za ki ga Baba ya koma saurayi. Gwaggo, sa mata."

Aka sa. Gashi ya fara dawowa, furfura na janyewa, tabarau ya sauka. Ko minti ɗaya ba a yi ba Inna ta ɗaga hannu.

"Kashe wannan. Wancan yaron na san shi, shi ne ya ɗauki jaka ya tafi. Mayar min da tsohon."

Gwaggo ta mayar. Inna ta juyo ta fuskanci wayar sosai, ita da ba ta hira da madubi.

"Yaron nan, ka san abin da ka yi min? Shekara da shekaru ina zaune a ɗakin nan, haƙorana na zubewa, gwiwata na ƙin tashi. In na ɗaga kai na dubi bango sai in gan ka jiya i yau. Sai in ce a raina, ni kaɗai nake tafiya, yaron nan yana can a tsaye, ko na mutu bai san tsufa ba balle ya san abin da na ji. Ashe tare muke tafiya, ka ɓoye min."

Mai Hoto ya cire tabarau. Matarsa ta miƙa masa ƙyallen goge hotuna, da shi ya share fuska.

Inna ta ce, "Ni na haifi mai furfura, ba a gaya min ba. Sa'o'ina nawa ne suka ga furfurar 'ya'yansu? Gobe duk sai na tara su sun kalla." Ta waiwayi Gwaggo. "Ke kuma kin tsaya kina kallona, ba abinci a gidan nan ne? Ki sauke min waɗancan na bangon, ki ba yara su yi wasa. Wannan na gwajin fitilar, kullum da safe a turo min shi a wayarki, yadda ya fito."

Gwaggo ta tashi da gudu ta nufi madafa, tana cewa Yaya ya ji da kunnensa. Mai aski ya leƙo ya tambaya ko an ci, aka ce ana ɗumamawa, ya koma yana gaya wa mai gyaran waya.

Inna ba ta gama ba. "Ƙawata, ina kujerar da yake zama? Kai shi can, ki riƙe min wayar daidai. Ban gan shi da kyau ba ranar nan, na ɗauka mai shagon ne."

Auta ta ja hannun babanta ta zaunar da shi a gaban farin labule, ta kunna fitilu biyun. Sanƙo ya ɗauki haske. Ya gyara zama, ya ɗora hannuwa a gwiwa kamar yadda yake sa mutane su yi.

Inna ta matso da fuskarta har goshinta ya cika allon. "Ɗaga haɓa in gan ka."

Ya ɗaga. Ya yi ƙoƙarin rufe baki yadda doka ta ce, bakin ya ƙi rufuwa. Inna ta ce ya bar shi haka, ta ga ma haƙori ɗaya ya tafi, gobe sai ya gaya mata a wace shekara ce.